Harsashi ya ƙare, saura mashi: King Kong a tsohuwar PS2

A gidajen gem ɗin da na taso ina zuwa a Kano, PS2, wato PlayStation 2 ta kamfanin Sony, na'urar ƙwallo ce. Winning Eleven da PES su ne na kullum, sai Mortal Kombat idan an gaji da ƙwallo, sai GTA San Andreas ga wanda ya yi sammako ya zo kafin shago ya cika. Dalilin kuwa kuɗi ne. Mai shago wasa-wasa yake karɓar kuɗinsa: wanda aka ci ya biya ya tashi, na kan layi ya zauna. Gem mai labari, wanda mutum ɗaya zai riƙe hannu awa shida ko bakwai yana ratsa daji shi kaɗai, asara ce gare shi. Shi ya sa tarin gem masu kyau suka tsufa a cikin jakar faifai ba a taɓa ɗora su ba. King Kong na kamfanin Ubisoft, gem ɗin da ya fito a watan Nuwamba na 2005 wanda aka ciro daga fim mai wannan suna, yana cikinsu. Kowa a layinmu ya san hoton goggon birin nan a jikin faifan, amma babu wanda ya buga shi.

Bana na zauna na buga shi tun daga farko har ƙarshe, a gida, da daddare idan na taso daga aiki. Tunda nake buga gem na harbi ban taɓa haɗuwa da wanda ya sa cikina ya ɗuri ruwa alhali bindiga na hannuna ba, sai wannan. Kuma ba don an buɗe na'urar ba, da babu ta inda zan bi in gan shi.

Tawa siririyar ce, cikin jerin 70000 da Sony ta fara fitarwa a 2004, 'yar gwanjo daga Turai. Na saye ta tana karanta faifai da ƙyar, ta yi ta ƙas-ƙas-ƙas, daga baya ta jefo jan allon nan da duk ɗan gidan gem ya sani. Mai gyaran da nake kai wa kaya a wajen Sabon Gari ya ɗaga murfin ya leƙa, ya ce, "Malam, idon nan ya gaji. Ko na canja maka, irin wanda ake kawowa yanzu ba ya jure wahala. Ka bar maganar faifai gaba ɗaya, ka kawo memori da filashi."

A da cif ake sa wa. Sony ta kasa kasuwarta kashi-kashi, na Jafan daban, na Amurka daban, na Turai daban, na'urar wannan yanki ba ta karɓar faifan wancan, kuma kowacce sai ta bincike faifai ta tabbatar na asali ne kafin ta buɗe. Mu kuwa na'urorinmu ta ko'ina suke shigowa, faifan asali kuma ya fi ƙarfin aljihun ɗan makaranta nesa ba kusa ba. Sai masu gyara su ɗauko wani ɗan ƙaramin allo, Matrix Infinity ko Modbo, su liƙa shi da dalma a jikin babban allon na'urar da siraran wayoyi wajen ashirin. Aikin ƙwararru ne, hannu ya ɗan karkace na'ura ta tafi ke nan. Kusan duk PS2 da na taɓa gani a gidan gem da cif take aiki. Sai dai cif ba ya raba ka da faifai, kuma faifan da aka kwafa ya fi na asali wahalar karantawa, don haka ido ke shan wuya.

Hanyar da ya bi da tawa babu dalma a ciki. Sunanta Free McBoot. Tun asali an gina PS2 ta yadda da an kunna ta sai ta fara leƙa memori ta ga ko akwai wata sabuntawa daga kamfani, domin na'urorin farko na Jafan a kan memori ake ɗora musu manhajar kallon DVD. Wasu masana manhaja 'yan sa-kai suka lura ƙofar nan a buɗe take, suka bi ta ciki. Yanzu a kan memorin nan mai 8MB ake zuba komai, na'ura ta tashi da sabon jeri, ka shiga OPL, manhajar da ke buɗe gem ba tare da faifai ba, ka ga sunayen gem ɗin da ke cikin filashi. Ka zare memorin, ta koma yadda ta fito daga kamfani. Sony ta toshe ƙofar a na'urorin ƙarshe na jerin 90000, saboda haka duk mai niyyar saye ya juya ta ya karanta lambar da ke ƙasa kafin ya miƙa kuɗi.

Filashi na da nasa aibin. PS2 'yar shekarar 2000 ce, ramin USB ɗinta 1.1 ne, gudunsa bai wuce megabit 12 a daƙiƙa ba, bai ma kai na faifai ba. Shi ya sa bidiyon cikin gem ke sarƙewa, murya na gaba hoto na baya. King Kong da ɗan yankin fim ɗin yake buɗewa, kuma a wajena yankin nan ya yi ta tsalle. Amma daga nan labarin a cikin wasan kansa ake ba da shi, mutane na magana kana tafiya tare da su, don haka ban ƙara jin nauyin filashin ba sai wajen jiran lodi. Masu babbar PS2 ta farko, wadda ake sa wa hadis a baya, ba su san wannan damuwa ba.

Abin da ya fi filashi ba ni aiki shi ne talabijin. A kan filasma da wayar nan mai kai ruwan ɗorawa, daji ya zama baƙin taɓo, ba ka rabe ganye da dabba. Sai da na ɗauko tsohuwar talabijin mai ƙeya da aka ajiye a ɗakin shirgi a gidan mahaifiyarmu, sannan hoton ya zauna: kore ya fito kore, hazo ya fito hazo, hasken wuta ya yi ja a kan dutse. Dama don irinta aka zana shi. Duhun gem ɗin ya taɓa zama abin magana tun a 2005, lokacin da shugaban Ubisoft, Yves Guillemot, ya fito ya ce na Xbox 360 ya yi duhu da yawa a talabijin ɗin da ba ta zamani ba. Na PS2 bai samu wannan matsala a kan mai ƙeya ba.

Gem ɗin da aka ciro daga fim baƙin jini gare shi a wajen masu bugawa, kuma da dalili. Kamfani ya biya kuɗin suna, ranar fitar fim ba ta matsawa, ko an gama ko ba a gama ba sai an fitar. Wanda aka fi kafa misali da shi shi ne E.T. na Atari a 1982, wanda aka haɗa cikin mako biyar da 'yan kwanaki, ya yi kwantai har aka binne ragowar a juji a jihar New Mexico, aka tono su a 2014. GoldenEye 007 na Nintendo 64, wanda kowa ke yabo, a 1997 ya fito, shekara biyu bayan fim ɗinsa, wato ya samu lokacin da sauran ba su samu ba. King Kong kuwa ya riga fim ɗinsa fitowa da 'yan makonni, fim ɗin sai a Disamba, amma duk da haka ba ka jin ƙaurin gaggawa a yawancinsa. Dalili shi ne daraktan fim ɗin, Peter Jackson ɗan ƙasar New Zealand, shi kansa mai buga gem ne. Ya buga Beyond Good & Evil na 2003 ya ji daɗinsa, sai ya nemi a ba wanda ya yi shi aikin, wato Michel Ancel, wanda ya ƙirƙiro gem ɗin Rayman, da mutanensa a Montpellier da ke kudancin Faransa. 'Yan wasan fim ɗin, Naomi Watts da Jack Black da Adrien Brody, su suka sa muryoyinsu.

Labarin a 1933 yake. Carl Denham, mai shirya fim da bashi ya yi wa katutu, ya kwashi mutane a jirgin ruwa mai suna Venture zuwa wani tsibiri da babu shi a taswira. Kai Jack Driscoll ne, marubucin labarin fim ɗin. Marubuci fa, ba soja ba. Duk abin da ya burge ni a gem ɗin daga nan ya samo tushe, domin Ancel ya ɗauki maganar da gaske.

Da farko babu komai a kan allo. Babu jini, wato ma'aunin ranka, a kusurwa, babu lambar harsashi, babu taswira, babu kibiya mai nuna hanya, ko ɗigon saiti babu sai in kai ka shiga ka kunna shi. Daji ne kawai da ruwan sama da hannayenka. In kana son sanin abin da ya rage maka, sai ka danna maɓalli, Jack ya faɗa da bakinsa: saura gidan harsashi biyu, saura harsashi huɗu, ya ƙare. Muryar kuma tana sauyawa. Yadda yake faɗar lissafin lokacin da akwai wadata daban, yadda yake faɗa yana haki daban. Da lamba ce a kusurwa, da ido zai ɗauka ya wuce. Amma mutum ya gaya maka a kunne cewa saura uku, alhali kana jin motsi a cikin ciyawa, wannan cikin ƙirji yake sauka.

Haka ma rauni. Dabba ta cafke ka, allo ya rine ja, sauti ya dushe, numfashi ya yi nauyi, wani kiɗa mai sanyaya jiki ya taso. In ka samu ka kuɓuce ka ɗan laɓe, sai ka dawo hayyacinka. In aka ƙara maka kafin nan, ka mutu. Tsakaninka da mutuwa cizo biyu ne, ko a matakin farko ko a na ƙarshe. Ba ka ƙara ƙarfi, ba ka samun sulke, ba a sayar maka da komai.

Bindiga ɗaya kake iya riƙewa. Akwai ƙaramar Luger, akwai mai watsa ƙwayoyi, akwai Thompson mai aman wuta, akwai doguwa ta harbin nesa. Kyaftin Englehorn, shugaban jirgin ruwan Venture, shi ke shawagi a ƙaramin jirgin sama yana jefo akwatuna da lema, su maƙale a bishiya ko a bakin dutse, sai ka kakkaɓo su. Tsakanin akwati da akwati tafiya ce mai nisa, kuma harsashin da ke ciki ba ya kai ka ko'ina in hannunka sake yake. Sai na samu kaina ina yi da Thompson yadda maharbin ƙauye ke yi da harba-ka-ruga: ba a ɗaga ta sai an ga ƙwayar idon dabba, kuma kafin a ɗaga an riga an san ta inda za a gudu.

Ainihin makamin tsibirin mashi ne. Akwai masun mutanen wurin a kakkafe nan da can, masu ƙarfi amma ƙidayayyu. Akwai tarin ƙasusuwan matattun dabbobi da za ka yi ta zara ba sa ƙarewa, sai dai ba su da ƙwari. Ka soka, ko ka jefa. In ka jefa ya kafe a jikin dabba, kana iya zuwa ka zare abinka in kana da zuciyar matsawa kusa. Ka kai bakin mashin cikin kaskon wuta ya kama, sai ya zama wani abu daban: ka cinna wa sarƙaƙiyar da ta tare hanya, ka cinna wa busasshiyar ciyawar da dabbobi ke laɓe a ciki ka ji suna ihu, kuma in ka tsaya a inda bai dace ba wutar ta haɗa da kai. Akwai wuraren da aikinka kaf shi ne ka ɗauko wuta daga can ka kawo nan ba ta mutu ba, ga ruwa na zuba daga saman dutse a tsakani, dole ka jefa mashin ta sama ya tsallake, ko ka kunna wani kasko a ƙetare. Ba a taɓa rubuta maka wannan a allo ba. Idonka ne zai gaya maka.

Sai kuma abin da na fi so duka: dabbobin suna cin junansu. Ba kai suke nema don kai ne ɗan wasa ba, yunwa suke ji, kai kuma nama ne cikin namomi. Ka soke ƙatuwar tsutsa ko mazari ko kifi a bakin mashi ka wurga gefe, sai gizo-gizon da suka cika hanya su yi can, ka wuce. Ka harbo ƙaton jemage ya faɗo, sai dabbar da ke bin ka ta tsaya ta ci, ka samu 'yan daƙiƙoƙi. Harsashi ɗaya a jikin jemage ya fi gida guda a jikin mai bin ka amfani. Ranar da na gane haka, yadda nake kallon dajin ya sauya baki ɗaya. Na daina ƙirga abokan gaba, na koma duba wa ke cin wa.

Akwai mataki guda da ya tattara duk wannan. V-Rex, ƙaton dinaso mai tafiya da ƙafa biyu, ya ritsa ku a wani fili mai kangaye. Hayes, mataimakin kyaftin ɗin jirgin ruwan, da Carl suna can suna murɗa ƙofa, aikin da ke cin lokaci, kai kuma aikinka ka janye hankalinsa daga kansu. Ba ka iya kashe shi, ko da za a ba ka duk harsashin tsibirin. Harbi tsokana ce kawai, don ya juyo. Ya juyo kuwa, ya yi ruri, allo ya girgiza hoto ya dagule, ka ruga ka shige ƙarƙashin wani ginin dutse, ya sa kai ya rushe shi, ka fito ta baya ka nemi wani. Mafakar tana raguwa ɗaya bayan ɗaya, su kuma suna kiran ka ƙara haƙuri. Na buga gem da yawa masu dodo a ƙarshen mataki, amma duka an yi su ne don ka ci galaba a kansu. Wannan an yi shi don ka san girmanka.

Ɗan yayata, ɗan sakandare, wanda ya taso da PUBG da Free Fire a waya, ya zo hutu ya tarar da ni a kai. Kallon farko ya ce, "Kawu, ina jinin? Ina taswirar?" Na miƙa masa hannun a daidai matakin nan. Ya tsaya cak a tsakiyar fili ya juye wa V-Rex duk abin da ke cikin bindigar, aka haɗiye shi. Ya ce, "Kawu, wannan ai ba ya mutuwa." Na ce ba a hannunka zai mutu ba, nemi jemage. Ya ɗan yi shiru, ya sake gwadawa, sai ga shi yana gudu yana waige, ya matso bakin kujera, ya daina magana. Daga baya shi ke roƙon a ƙara sautin talabijin don ya ji ta inda taku ke zuwa.

Ba kai kaɗai kake tafiya ba, kuma wannan ma da nauyinsa. Hayes sojan gaske ne, yana harbi yana samu, wani lokaci ya miƙo maka bindigarsa. Ann, 'yar wasan da Carl ya ɗauko don fim ɗinsa, tana jifa da mashi. Jimmy, yaron da ke aiki a jirgin ruwan, yana firgita. Carl kuwa rungume yake da kyamararsa, ana gudun rai shi yana neman inda haske ya fi kyau, har ka ji kamar ka fizge ta ka jefar. In aka kashe ɗaya daga cikinsu saboda ka yi sakaci, wasan ya tsaya, a koma baya. Don haka ɗan harsashin da kake tattali ba naka ba ne kai kaɗai. Sau da yawa na ƙarar da abin da na ɓoye don wani ƙaton shanshani ya kama ƙafar wani a cikin ruwa.

PS2 ƙwaƙwalwar aikinta 32MB ce kacal, abin da hoto guda na wayar yanzu ke iya cinye kaso mai tsoka daga ciki. Ba za ta iya zana daji har iya ganin ido ba. Sai suka cika tsibirin da hazo da ruwan sama da kwazazzabai masu ƙunci, abin da na'ura ba ta iya nunawa suka mai da shi abin da kake tsoron fitowarsa. Amma sun san inda za su kashe ƙarfin. Akwai wani kwari da garken manyan dinaso masu dogon wuya ke ratsawa, kai kana ƙasa tsakanin ƙafafunsu kana neman wuta, ƙasa na rawa. Na ajiye hannun na tsaya kallo kawai. Na'ura mai shekara ashirin da ɗoriya, a kan talabijin mai ƙeya, ta sa na riƙe baki.

Sannan lokaci-lokaci sai a juya al'amarin, a ba ka Kong kansa. Kyamara ta ja baya, ka ga kanka ƙato, kana lilo a jikin duwatsu, kana ɗauke da Ann a tafin hannu, ka ajiye ta ta je ta cinna wuta ta buɗe maka hanya. V-Rex ɗin da ya hana ka sakat, yanzu ka kama shi da kokawa, ka daki ƙirji, ka danne shi, ka yi ta dannan maɓalli har muƙamuƙinsa ya tsage. In za a auna shi shi kaɗai, faɗan Kong mai sauƙi ne, maɓallai kaɗan ne, kyamarar ma wani lokaci ba ta taimako. Daɗinsa daga wahalar da ka sha a jikin Jack yake zuwa. Wanda bai yi gudun ceton rai a gaban dabbar nan ba, ba zai ji abin da na ji ba lokacin da ƙashin ya yi ƙara.

Yana da rauninsa. Neman sandar murɗa ƙofa ya yi yawa: ka iso ƙofa, sanda ɗaya ta ɓata, tana bayan sarƙaƙiya, sai an samo wuta, haka dai ake ta maimaitawa har ka fara ganewa tun daga nesa. Kashin ƙarshe a birnin New York kuwa a nan ne kaɗai ake jin gaggawar. Titunan fayau, ɗan jifa da motoci, sai hawa benen Empire State, sai jirage. Gajere ne ƙwarai.

Akwai kuma abin da ya tsaya mini a rai, wanda ba na fasaha ba ne. Mutanen tsibirin baƙaƙe ne, kuma yadda aka zana su babu mutunci a ciki: ihu, ganguna, sadaukar da mace ga dodo, jifa daga nesa. Ba su da suna, ba su da maganar da za ka fahimta, kuma akwai wuraren da hanyar wucewarka ita ce ka cinna wa gine-ginensu wuta suna kai. Wannan hoton tun fim ɗin farko na 1933 yake, fim ɗin 2005 bai wanke shi ba, gem ɗin ma ya gaje shi. Abin da ya fi ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, masun da ke ceton raina nasu ne, kaskon wutar nasu ne, ƙofofin nasu ne. Mutanen da suka iya zama a tsibirin da ni ba na iya minti biyar a cikinsa, su aka mayar marasa hankali. Na faɗa wa ɗan yayata haka muna cikin bugawa, domin ban so ya haɗiye hoton ba tare da ya tauna ba. Ina son gem ɗin, kuma wannan ɓangaren ba daidai ba ne. Duka biyun gaskiya ne a wajena.

Maganar haƙƙi ma ba zan tsallake ta ba. Mu a Kano mun ga abin da satar fasaha ta yi wa masu shirya finafinan Hausa: mutum ya zuba jarinsa, kafin ya mai da uwar kuɗi an kwafe an watsa, daga faifai aka koma turawa a waya. Don haka ba na ɗaukar kwafar aikin wani abin wasa, kuma gem ɗin da ake sayarwa yau, wanda kuɗinsa ke isa ga masu shi, ra'ayina a saya in da hali. Amma King Kong ba ya kasuwa. Ba ya Steam, shagon gem ɗin kwamfuta na intanet, ba ya shagon PlayStation, na Xbox 360 ma ba ya cikin waɗanda sababbin Xbox ke karɓa. Haka ƙaddarar gem ɗin fim take: sunan na kamfanin fim ne, aikin na kamfanin gem ne, muryoyin na 'yan wasa ne, yarjejeniya ta ƙare kowa ya kama gabansa, babu mai sake zama a teburi don tsohon kaya. Sony kanta ta daina ƙera PS2 tun farkon 2013, bayan ta sayar da fiye da miliyan 150. Abin da ya rage shi ne tsofaffin faifai masu ƙarzuwa da idanu masu mutuwa. Ko ka samu faifan asali a gwanjo, sisi ba ya zuwa Montpellier. Waɗanda ke riƙe da wannan aiki da rai a yau su ne 'yan sa-kan da suka rubuta Free McBoot da OPL ba don kuɗi ba, da masu gyara irin nawa da ke zaune a rumfa da abin dalma da tsohuwar kwamfuta. Ina ganin girmansu, kuma ina ganin kamfanonin da suka bar kayansu ya ruɓe ba su da bakin zarginsu.

Shawara ɗaya ga mai irin na'urata: memorin da ke ɗauke da Free McBoot kada a cika shi da ajiyar wasa. A samu na biyu a ɗaya ramin, ko a sa OPL ta buɗe memori na cikin filashi, kuma lokaci-lokaci a kwafe ajiyar da uLaunchELF, manhajar kwafe fayil a PS2. A ɗauke wuta ana tsakiyar ajiyewa ba ƙaramin abu ba ne ga memori mai wannan shekaru. Siririyar ba ta cin wuta sosai, ƙaramin inbata na riƙe ta, sai dai mai ƙeya ce ke da ci.

Gem ɗin yana ƙarewa yadda fim ɗin ya ƙare, Kong ya faɗo daga saman bene, kuma kai ne riƙe da hannu kana kai wa jirage duka alhali ka san babu mafita. Ban ji daɗin daren nan ba. Amma akwai wani ƙarshen na biyu da aka ɓoye, wanda babu shi a fim, kuma da yardar Jackson aka sa shi. Bayan ka gama, matakan suna buɗewa ka sake buga su ana ba ka maki, in ka tara 250,000 sai a ba ka damar shiga jirgin sama a matsayin Jack, tare da Englehorn, ku kare Kong daga masu harbinsa, a mai da shi tsibirinsa da rai. A kan tara makin muke yanzu. Mun raba aiki da ɗan yayata kafin hutunsa ya ƙare: shi ya ɗauki matakan Kong, don hannunsa ya fi nawa saurin dannawa, ni kuma na riƙe na Jack da mashi.